Kujera Goma Sha Huɗu Zuwa Wukari

Shekarun baya aka ɗaura auren ɗana na fari a Wukari, ni kuwa ina Tudun Wada. Ban je ba. Ba ciwo nake ba, ba kuma faɗa muka yi ba.

Yaron gyaran babur yake yi a can, can ya ga yarinyar. Iyayenta suka ce a zo a ɗaura a ƙofar gidansu. Haƙƙinsu ne. Tafiyar yini guda ce, kuma sai an kwana biyu. Ƙarfina na mota ɗaya ne, surukan ma zaure ɗaya da ɗaki ɗaya suka ware wa baƙi. Na sami wani direban bas ɗan garinmu na tambaye shi mutum nawa motarsa take ɗauka. Ya ce, "Sha huɗu a zaune. In an matsa sha tara. In biki ne kuwa, sai wanda ya ga dama ya bari."

Na ce, "Sha huɗu."

Ya yi dariya. Na ce ba wasa nake ba.

Ina da dalili. Ina saurayi muka taɓa cika a-kori-kura za mu ɗaurin aure Doguwa. Wasu a tsaye, wasu a kan ƙarfe, ana ta waƙa. A cikin dajin Falgore taya ta fashe. Ƙanena a wurin ya rasu, da wasu. Ni ƙafata ta dama ta karye wuri biyu. Abokina, wani Bafulatani da muka taso tare, shi ya zaro ni daga ƙarƙashin motar ya goya ni har bakin titi, shi ma kansa yana zubar da jini. Har yau da ɗingishi nake tafiya. Tun daga ranar ba na hawa motar da aka yi wa lodin mutane, ba kuma na sa kowa a ciki.

To, aka raba goro da alawa kamar yadda aka saba. Ni a wurina sanarwa ce, a taya mu addu'a. Ashe a wurin mutane duk wanda ya tauna goron nan ya sami kujera. Kafin mako ya zagayo, wanda bai taɓa gaishe ni a kasuwa ba ma ya zo yana tambayar ƙarfe nawa za a tashi. Wani ɗan baffana daga Ɗansoshiya ya aiko a ce mini su bakwai ne, ban da yara.

Ni ban yi makaranta ba. Na ɗebo ƙwayar masara goma sha huɗu na zuba a faifai, na zauna gaban mahaifiyata da mai ɗakina. Duk wanda aka ambata sai in ture ƙwaya ɗaya gefe. Yayana, don shi ne wakili, shi zai karɓi auren. Liman. Wakilin mai unguwa. Kawunnan yaron biyu. Mata huɗu da za su kai kaya su ga ɗakin amarya, har da uwar yaron.

Mahaifiyata ta ce, "Gidan baffanninka uku fa? Ko so kake in mutu a ƙi zuwa jana'izata?"

Na ture uku.

Mai ɗakina ta ce, "Malam, maƙwabcin nan da katangarmu ɗaya? Matarsa ce ta yi mini wankan jegon yaron nan."

Na ture ɗaya. Saura ƙwaya ɗaya a faifai. Mahaifiyata ta ce, "Wannan kai ne." Na ce to.

Kwana goma na yi ina bin gidaje da ƙafata ɗaya da rabi ina ba da haƙuri. Wani ya ce ba komai yana kallon bango. Wata gwaggona ta ce, "Da ɗan naka a Makka zai yi aure sai mu ce jirgi ne. Wukari ce fa." Na ce, "Gwaggo, a yi haƙuri." Ta ce haƙurin ya ishe ta tun ban zo duniya ba. Na gaji a kwanakin nan fiye da gajiyar noman damina.

Gida ɗaya ne ban je ba, na abokina. Da hannuna na ba shi goro, muka yi raha, na wuce. Na ɗauka shi na gida ne, ya san halina da dalilina fiye da kowa, ba sai na yi masa bayani ba. Shi kuma bai tambaye ni ba, don a ganinsa irinsa ba ya tambaya.

Ranar tafiya, bayan an fito masallaci, gari ya soma haske, mutane suka shiga mota. Ina tsaye a bakin ƙofa ina ƙirgawa. Wani ya zo da ɗansa ya ce a cinya zai zauna, na mayar da yaron. Sha uku suka cika. Ina ɗaga ƙafa zan hau sai na ji ƙarar babur. Abokina ne, tun daga rugarsu aka kawo shi. Sabuwar babbar riga, karin guga bai ma baje ba. Ga jaka, ga kwanon man shanu ɗaure a ƙyalle na kai wa amarya.

Ya ce, "Kaɗo, da za ka tafi ka bar ni? Matsa mini."

Ban matsa ba. Ya leƙa ciki ya dubi mutane, ya dube ni. 

Direba ya ce, "Baba, mutum ɗaya ne fa. Ga benci nan a bayan kujerata, ya ɗosana."

Yayana ya ce, "Kai, bar shi ya shiga mana. Yau ɗaya."

Na ce, "Ranar ma ɗaya ce."

Abokina ya gane. Bai yi faɗa ba, da ya yi da ya fi mini sauƙi. Ya miƙa wa mai ɗakina kwanon man ta taga, ya ce, "A kai wa 'yata. Allah ya kiyaye hanya." Ya juya yana neman mai babur ɗin da ya kawo shi.

Na san in ya hau babur ɗin nan shi ke nan. Za mu riƙa gaisawa a kasuwa har mu mutu, amma abin da ke tsakaninmu ya ƙare. Na kuma san ba zan sa mutum na sha biyar a motar nan ba ko duniya za ta taru. Sai na sauke ƙafata, na ciro jakata.

Na ce, "Ɗan Fulani, zo ka hau."

Ya ce, "Ka haukace? Auren ɗanka ne."

Na ce, "Uba ba ya karɓar wa ɗansa aure a gidanmu. Ga yaya nan, shi ne wakili. Ni in na je zaman tabarma zan yi in ci shinkafa. Wannan kuwa ka fi ni iyawa."

Wasu suka yi dariya. Mai ɗakina ba ta yi ba. Abokina ya ce wallahi ba zai hau ba. Na ce to motar za ta tafi da kujera babu kowa, ya zaɓa. Liman ya ce, "Malam, shiga, rana tana yi. Rantsuwar ka yi kaffara in mun dawo." Abokina ya shiga yana zagina da Fulatanci. Na rufe ƙofar da kaina.

Na koma gida na cire sabuwar rigata na ninke. Mahaifiyata ta dube ni ta ce, "Taurin kan ubanka." Na ɗauki fartanya na tafi gona.

Sun je lafiya, sun dawo lafiya. Ɗana ya ji haushi. Ya kira ni a waya ya ce, "Baba, kowa da ubansa a wurin, ni sai baffa." Na ce na sani.  Sai da aka yi kusan shekara kafin muryarsa ta dawo daidai in muna magana. Da matarsa ta haihu ya kawo mini jaririn har gida, maganar ta wuce, ko da yake ban ce ta goge ba.

Ban yi nadamar sha huɗun nan ba. Abin da na yi nadama shi ne na bi gidan kowa na ba da haƙuri, na tsallake mutumin da ya fi kowa cancantar in je in zauna in yi masa magana. Kuskurena ke nan, ni kuma na biya.

Yanzu na bar noma, ƙafar ta ƙi. Ina zaune a rumfar hatsi a Ƙafin Maiyaki ranar kasuwa, sauran ranaku ina gida. Abokina idonsa ya yi rauni, jikansa yake kawo shi ya ajiye mini shi a kan benci. Da ya zauna sai labarin Wukari: girman doyar garin, gadar da suka haye, naman da aka ba su. Duk mako doyar tana ƙara girma. Ba na katse shi.