Marhun da Sandar Rabon Ruwa

Marhun ɗan Sulayyim bai taɓa ɗaura agogo a hannu ba, don aikinsa bai nemi agogo ba. Shekara arba'in da ɗoriya shi ke raba ruwan falaj a ƙauyenmu, nan ƙasar Oman, wato magudanar da kakanni suka haƙo daga gindin dutse har cikin lambunan dabino. Kowane gida da lokacinsa. Abin awon kuwa doguwar sanda ce kafe a fili bayan masallaci, da ƙananan duwatsu jere a ƙasa. Inuwar sanda na taɓa dutse, ruwan wane ya ƙare, na wane ya soma. Sai Marhun ya ɗaga murya, a toshe nan da tsumma da yashi, a buɗe can.

A wajen mahaifinsa ya gaji aikin. Yana saurayi ya taɓa tafiya rijiyoyin mai, ya yi shekara biyu, aka aika masa idon tsoho ya soma duhu. Ya dawo, bai sake fita ba. A lokacin tsakaninmu da birni rairayi ne da ƙaya, tafiyar wuni a kan jaki. Daga baya birnin ya riƙa matsowa a hankali: kwalta ta zo, fitilu suka biyo ta, sai gidan mai, sai kantuna masu gilashi. Ba wanda zai ce ga ranar da rairayin ya ƙare.

A shekarar da nake ba da labarinta, Hilal, ɗan ƙauyen da ya yi arziki a birni, ya gina bene mai hawa bakwai yamma da masallaci. An ci halawa ranar buɗewa, har da Marhun. Ashe tun kafin nan ya ga abin da sauran ba su gani ba. Da la'asar sakaliya inuwar benen kan sauko ta rufe filin ɗungurum, sanda da duwatsu duka. Duwatsu biyu na ƙarshe ba sa samun rana. Na farkonsu na Azza ne, wadda mijinta ya rasu ya bar mata dabino talatin da lemon tsami. Na biyun na Marhun ne kansa.

Bai faɗa wa kowa ba. Mutumin da aka yarda da bakinsa shekara arba'in, yaya zai tashi ya ce yanzu kintace yake yi? Tsoronsa ɗaya, kada ya tauye wa Azza haƙƙi ya je ya tarar da shi a gaban Allah. Saboda haka in ya ji a jikinsa lokacinta ya cika, sai ya ƙara jira. Ya ƙara jira kuma. Abin da ya saura kafin magariba shi ke zuwa lambunsa.

Matarsa Zuwaina ce ta soma magana, ranar da ta ɗebo dabino a faranti ta ajiye masa.

"Baban Talal, wannan dabino ne ko tsakuwa?"

"Bana zafi ya yi yawa."

"A lambunmu kaɗai aka yi zafin?"

Ya kurɓi gahawa ya kau da kai. Ita kuwa ba ta ɗauke farantin ba sai da gari ya waye.

Haka aka yi wata uku. Ganyayen dabinonsa na ƙasa suka soma fari, ƙanana biyu da ya dasa bara suka bushe. Shi kansa ya rame, har rawaninsa ya zama kamar na aro.

Wata Alhamis yana zaune gindin sanda a cikin inuwar benen, sai ga Azza tafe, ƙafarta duk taɓo, tana riƙe da reshen lemo mai rawayan ganye.

"Marhun, me na yi maka?"

Ya miƙe tsaye. "An rage miki ne?"

"Rage me? Kashe ni za ka yi da ruwa! Lambuna ya koma tafki, saiwar lemona na ruɓewa, kwaɗi sun hana jikata barcin rana. Shinkafa ka ji na shuka?"

Azza ta dube shi, ta dubi ƙasa inda ya kamata inuwar sanda ta kwanta, ta ɗaga kai ta bi benen da kallo har sama. Sannan ta juyo gare shi.

"Tun yaushe?"

"Tun da suka kai hawa na biyar."

"Ƙarin da kake yi mini, na wa ne?"

Ya juya ya dubi wajen lambunsa. Ta jefar da reshen.

"Kai dai ka tsufa ba ka yi wayo ba. Gobe ka faɗa musu, in ba haka ba ni zan leƙo zauren maza in faɗa."

Washegari bayan Juma'a, ana zagayawa da gahawa a zaure, Marhun ya faɗa. Bai ƙawata ba. Ya ce wata da watanni ke nan yana kintace, yana ƙara wa Azza daga nasa ruwan, wanda yake ganin an cuce shi ya yi magana, aikin kuma ga shi, a ba wanda ya fi shi. Sai Humaid, abokin wasansa tun suna kiwon awaki, ya ajiye kofi.

"To, jama'a, ga ɓarawon da ya shiga gidansa ya yi sata. A kai shi gaban wa?"

Aka tuntsire da dariya, har liman. Hilal kaɗai bai yi ba, kansa na ƙasa.

"Kawu, wallahi ban sani ba. Da ka faɗa mini."

"Da na faɗa, rushewa za ka yi?"

"A'a. Amma a saman rufina ba abin da ke tare rana."

Kwana tara suka yi suna aikin. Aka kafa sabuwar sanda a rufin benen, tsawonta ɗaya da tsohuwar. Da safe, lokacin da rana ke samun duka biyun, Humaid ya tsaya ƙasa, inuwa na taɓa dutse ya kira a waya, Marhun ya sa alama a sama. Alamun yamma kuma ya auno su daga na safe da igiya, kamar yadda mahaifinsa ya nuna masa. Ranar farko ya ƙi shiga lifta, ya taka matakala har bakwai. Rana ta biyu gwiwa ta ba shi shawara, ya shiga yana salati.

Ranar da aka soma aiki da sabuwar, la'asar ta yi, inuwa ta miƙe siririya, baƙa wuluk, ta taɓa alamar Azza. Daga can sama yana hango lambuna kore, da titi cike da motoci, da ɗan rairayin da ya rage can nesa. Ya danna waya.

"Azza, a toshe."

"Tun yanzu?"

"Tun yanzu."

"Yawwa. Haka na san ka."

Ya tsaya bakin katanga har ya ga ruwan ya juya, yana ƙyalli, ya shiga lambunsa layi bayan layi. Sannan ya nemi wuri ya zauna, ya miƙe ƙafafu, ya sauke numfashi. Manyan dabinonsa duk sun rayu. Ya ƙara shekara shida yana rabon daga saman benen, kuma ba a taɓa kai ƙararsa ba.