Waken Bakin Iyaka

Akwai wata damina da har in koma ga Allah ba za ta fita daga raina ba. Ba wani tashin hankali aka yi ba, ko murya ba wanda ya ɗaga. Magana ce ta riɗi da wake da wani littafi, da kuma ƙanen mahaifina da muke kira Baffa.

Ni tela ne, a kasuwar Zakirai nake da rumfa, amma kamar kowa a ƙauyenmu ina taɓa noma. Gonar da na gada ba ta da wani girma. Da ma gona ɗaya ce ta kakanmu, aka raba ta tsakanin mahaifina da Baffa, layin gamba kawai aka bari a tsakani. In ka yi atishawa a tawa ka yi hamdala, wanda ke cikin ta Baffa shi zai amsa maka. Haka gonakin wajenmu suke, a manne da juna, ko'ina da mai shi.

Littafin kuwa a birni na same shi, ranar da na je sayen zare da yadi. Yana cikin waɗanda ake shimfiɗawa a gefen titi, hoton riɗi a bangonsa shi ya ja ni. Da Hausa aka rubuta shi, a kan noman da ba a sa masa takin zamani ko maganin feshi, wanda 'yan boko ke ce wa oganik. Ya yi bayanin yadda ƙasa ke farfaɗowa da takin gargajiya, da amfanin irin wannan abinci ga jiki. Can wajen ƙarshe ya kawo maganar kamfanonin da ke sayensa da daraja suna fita da shi ƙasashen waje. Ni kuma halina ke nan, in abu ya shige ni ba na yi masa rabi da rabi. Na riƙa karanta shi a kan keken ɗinki har masu kawo ɗinki suka fara ƙorafi.

Da na bincika, ashe akwai ƙungiyar manoman riɗi a yankinmu da ke hulɗa da irin wannan kamfani, sai na shiga. Sharaɗinsu ɗaya ne mai tsauri. Sai gona ta yi damina uku ba ta ga takin zamani ko feshi ba, sannan a turo mai dubawa ya ɗebi ƙasa da ƙwayar riɗi a kai gwaji. In aka sami ko ɓurɓushin magani, shi ke nan, a koma farko.

Damina biyu na yi ina jigilar kashin awaki da tokar murhu a amalanke. Kai, na sha dariya! A majalisa har suna aka sa mini, wai Malam Oganik. Shekarar farko riɗin bai yi abin kirki ba, maiɗakina ta dubi buhunan ta ce, “Wannan shi ne abin da littafin ya yi alkawari?” Na ce ta yi haƙuri, ƙasa ce ke warkewa. A shekara ta biyu kuwa ni da kaina na ga canji, ƙasar ta yi duhu ta yi laushi. Duk wannan lokaci gero da dawa Baffa ke shukawa a tasa, ba ruwansu da feshi, don haka hankalina a kwance yake.

A damina ta uku, wadda za a zo dubawa, sai Baffa ya shuka wake.

Duk wanda ya san wake ya san ba ya yi sai da feshi, musamman in ya fara fure. Littafin kuma yana da babi guda a kan maƙwabta. Ya ce iska na ɗauko maganin da aka fesa a gonar kusa ta sauke shi a taka, don haka a bar fili mai faɗi a tsakani. Wanda ya rubuta, Allah ya saka masa, da alama bai taɓa ganin gonakinmu ba. In na cire wannan fili daga tawa, abin da zai rage bai taka kara ya karya ba. Ga shi riɗin ya riga ya tashi, ya yi kyan da bai taɓa yi ba. Feshi ɗaya da iska mai kaɗowa wajen gonata ya isa ya zubar mini da wahalar shekara uku.

Abin ya hana ni sukuni. Maiɗakina ta ce, “Ka je ka faɗa masa mana, ai ba dodo ba ne.” Na ce, “Ke, a gonarsa fa? Mutumin da ya riƙe mu bayan rasuwar Baba, ni zan je in ce masa ga yadda zai yi da wakensa?” Kuma na san ba don sha'awa ya shuka ba. Gidansa da baki da yawa, waken shi ne cefanensu, harawar kuma ta tumakinsa ce.

Daga ƙarshe dai na yi dabara irin ta mai jin nauyi. Bayan la'asar na ɗauki littafin na same shi a ƙofar gida yana tufkar igiya. Muka gaisa, na ce na zo ne in karanta masa wani abu ya sha labari. Na buɗe babin maƙwabta na yi ta karatu, ina yi ina satar kallonsa. Bai ɗago ba har na kai aya.

“Tela,” in ji shi, don haka yake kirana, “ka gama kewaye-kewayen? Wato kada in yi feshi.”

Na sunkuyar da kai na ce, “Ni ban ce ba, Baffa.”

“Littafinka ya ce. To, ya faɗi abin da maƙwabcin zai ci?”

Na yi ta juya shafi. Na ce akwai inda aka ce a daka 'ya'yan darbejiya a jiƙa, a tace, a fesa ruwan, yana korar ƙwari. Baffa ya yi dariya har igiyar ta suɓuce masa. Ya ce, “Tsutsar yanzu? Ai ko barkono ka dama mata sai ta nemi ƙari.” Daga nan ya ce Allah ya kai mu, ya shiga tambayata lafiyar yara. Na tashi ban san matsayina ba, kuma gaskiya raina a ɓace. A hanya har ina faɗa a zuciyata, tsofaffi dai ba sa son sabon abu.

Ranar da waken ya cika da fure, da sassafe ina cikin riɗina sai na hango shi tafe da famfon feshi a goye. Ya tsaya ya yafuto ni, na tsallaka na same shi. Ya ja ni har gindin wani gawo da ke cikin gonarsa, da ɗan nisa daga iyaka.

Ya ce, “Daga gawon nan zuwa gamba, na ba ka aro har a cire amfani. Kai da darbejiyarka. Ni can zan fesa, kuma sai na ga iska ta kwanta.”

Na dubi wurin. Ba ƙaramin yanki ba ne, kuma nan ne waken ya fi kyau. Na ce, “Baffa, in bai yi ba fa?” Ya gyara igiyar famfonsa ya ce, “In bai yi ba, bai yi ba.” Ya wuce ya bar ni a tsaye.

Na yi wa waken nan hidimar da ban yi wa riɗina ba. Na tara 'ya'yan darbejiya, na daka a turmin maiɗakina, aka kwana biyu ana cin tuwo mai ɗaci, ta ce ko in nemi turmina ko in nemi mai yi mini tuwo. Na sayi sabon famfo don kada ragowar magani ta gauraya. In na fesa yau, jibi ruwan sama ya wanke, in sake. Ba zan ce bai yi amfani ba sam, ya rage. Amma fure ya riƙa zuba, kwanson da ya fito kuma rabi duk huda. Daga gawo zuwa can kuwa wake ya yi 'ya'ya har yana kwantawa. Ko yaro ya bi ta hanyar zai ga bambanci. Mutane suka koma tsokanar Baffa, wai shi ma an sa shi a makarantar Tela. Abin da yake ce musu kawai shi ne, “Gonata ce ko taku?”

Mai dubawa ya zo a kan babur dab da yankan riɗi, wani matashi mai yawan tambaya. Ya bi iyakar gonar kaf, ya tsaya a kan waken, ya tambayi na wane ne kuma me ake fesa masa. Na faɗa masa yadda aka yi. Ya dubi waken da ya sha huda, ya dubi Baffa da ke tsaye a gefe, ya ce, “Baba, sannu da ƙoƙari.” Ya ɗebi abin da zai ɗiba ya tafi. Bayan 'yan makonni saƙo ya zo ta ƙungiya cewa riɗina ya tsallake.

Na yi murna, ba zan ɓoye ba. Amma ranar da muka roro waken aron muka tara, murnar ta koma ciki. Ɗan tsibi ne, ko kusa da abin da wurin ya saba bayarwa bai kai ba. Washegari na ɗora buhun riɗi a amalanke na kai ƙofar gidansa. Ya fito ya duba ya ce, “Na mene ne?” Na ce na waken da ya lalace ne. Ya ce, “Aro na ba ka, ba haya ba. Mayar da abinka.” Na roƙe shi har na gaji, ya ƙi. Sai na ce, “To Baffa, ko dai ka fara yarda da littafin ne?”

Ya ce, “Ni? Ban yarda da shi ba, kuma ko baɗi na shuka wake sai na fesa. Amma shekara biyu ina kallonka kana tura kashin awaki ana yi maka dariya. Ba ta hannuna wahalarka za ta zube ba.”

Sai daga baya Inna, matarsa, ta faɗa wa maiɗakina a wajen wani suna cewa waken gidansu a shekarar tun kafin bazara ya ƙare. Baffa ya hana a faɗa mini. Da na ji, na shiga ɗaki na zauna, hawaye suka zubo mini, ni da girmana.

Baffa ya rasu yanzu, Allah ya jiƙansa, 'ya'yansa ke noma gonar. Ni kuma har yau ina noman riɗin, ina kuma ba matasa aron littattafan da na tara a kansa. Sai dai duk wanda zai karɓa, nakan gaya masa abin da na koya a waccan damina. A ƙasa irin tamu ba wanda ke noma abinci mai tsabta shi kaɗai, akwai wani a gefenka da zai ɗauki wani ɓangare na asarar, wataƙila ma ba zai taɓa faɗa maka ba. Kafin ka yanke abin da za ka yi a gonarka, ka je ka zauna da shi, ka tambaye shi abin da zai ci.