Malam Sagiru, Mai Ɗakin Dara

Inna lillahi wa inna ilaihi raji'un.

Ranar Asabar, makonni uku da suka wuce, ina zaune a ƙofar gida da waya a hannu, ina jiran Malam Sagiru ya buɗe ɗakin dara na intanet kamar yadda ya saba da ƙarfe goma na safe. Goma ta wuce da kwata, lambar shiga ba ta zo ba. Mutane suka fara tambaya a guruf ɗinmu na hira a waya. Wani ya ce wuta aka ɗauke a unguwarsu Zawaciki, wani ya ce ai Malam yana da sola. Na kira wayarsa sau biyu ba a ɗauka ba. A na uku ƙaninsa ya ɗauka, ya ce, "Auwalu, sai haƙuri. Yaya ya yanke jiki ya faɗi bayan sallar asuba. Kafin mu kai asibiti rai ya yi halinsa. Jana'iza bayan azahar." Na daɗe ina kallon wayar. Ni na rubuta wa mutane, kuma sai da na goge saƙon sau uku.

Malam Sagiru mai gyaran wutar injina ne a kamfanin roba da muke aiki a Sharada. Ya girme ni da kusan shekara goma sha biyar, kuma shi ya koya mini aiki. Bai yi karatun kwamfuta ba. Da kansa ya koyi haɗa wasa a wani dandalin intanet inda masu sha'awa ke gina wasanninsu su saki ga jama'a. Wasu na gina tseren mota da harbe-harbe, shi kuwa darar da ya taso yana yi a ƙasa a ƙauyensu ya gina: ramuka, kara da duwatsu, wanda ya jera uku ya ci ɗan abokin karawarsa. Wata tsohuwar kwamfuta a ɗakinsa ita ke riƙe da wasan. Yakan buɗe ɗaki ya turo lamba, kowa ya shiga ta wayarsa. Ya sha wahala kafin ya rage wa wasan nauyi, don ya ce ba zai yi abin da sai mai waya mai tsada zai taɓa ba. Da haka ma'aikatan Sharada da Challawa da Bompai suka cika ɗakin, har da waɗanda ba su taɓa ganin juna ba.

Dokokinsa kaɗan ne, amma ba ya sassauta su. Da an kira salla zai dakatar da wasa, ko da saura motsi ɗaya a gama. Wanda ya zagi iyayen wani, mako guda ba zai ga lamba ba. Yakan ce, "Wanda na ba lamba baƙona ne. Ba a taɓa mini baƙo." Mun ɗauki wannan magana a matsayin raha, har zuwa ranar da na ja masa abin da ban taɓa iya mantawa ba.

Bara ne muka yi gasa tsakanin unguwannin uku. Aka zo wasan ƙarshe tsakanin Bala, gwaninmu na Sharada, da Isufu, wani mutumin Nijar mai aiki a kamfanin fata a Challawa. Ana dab da farawa aka kira Malam wajen injin da ya tsaya, sai ya bar mini riƙon ɗakin. Mai riƙe da ɗaki yana da maɓallin cire ɗan dara, don gyara idan wasa ya rikice. Da na ga Isufu ya matse Bala, sai zuciyata ta raya mini in cire masa dutse ɗaya a gefen da ba a kallo. Cikin gaggawa na taɓa ba daidai ba. Karan Bala ne ya ɓace, a tsakiyar fili, kowa yana gani. Motsi biyu bayan haka Isufu ya cinye.

Guruf ya kama da wuta. Aka ce Isufu ya yi kutse da wata manhaja. Daga nan magana ta bar dara ta koma kan 'yan Nijar gaba ɗaya, su ma 'yan ƙasarsu suka mayar da martani mai zafi. Isufu ya yi ta rantsuwa, ba mai saurare. Ni kuwa na yi shiru. Washegari da safe na ji abokan Bala suna cewa za su tare shi a ƙofar kamfaninsu idan aka tashi aikin ƙarfe huɗu. Na san mutumin ba shi da kowa a Kano sai abokan haya. Duk da haka ban buɗe baki ba.

Lokacin hutun rana Malam Sagiru ya same ni a bayan ɗakin janareto. Bai ɗaga murya ba. Ya miƙo mini wayarsa, na ga jerin duk abin da aka taɓa a wasan, da sunan wanda ya taɓa.

"Auwalu, wannan sunan wa?"

"Nawa ne, Malam. Don Allah ku rufa mini asiri. Kuskure ne."

"Kuskuren na gani. Abin da ka yi niyya shi nake tambaya."

Ya karɓi wayarsa ya sa a aljihu, ya ce, "Ba zan ambaci sunanka ba, wannan naka ne. Amma ba za a daki bawan Allah a kan abin da bai yi ba ina numfashi. Zan tafi Challawa. In za ka, ga babur."

Da ƙarfe huɗu ta matso, ya nemi izinin fita wajen shugaban sashenmu. Na tsaya ina kallo har ya tayar da babur, sannan na ruga na hau baya. Wata tirela ta tare hanya, muka yi ta kutsawa ta gefen kwata, ina duba agogo ina fatan mu makara, ina kuma tsoron mu makara.

Mun isa ana fitowa. Bala da mutum bakwai ko takwas suna tsaye a tsallaken titi, ɗaya yana riƙe da guntun bel na inji. Isufu ya fito cikin takalmin roba, ya gan su, ya tsaya cak a bakin get. 'Yan ƙasarsu suka taru a bayansa. Malam ya ajiye babur a tsakanin ɓangarorin biyu, ya sauka.

"Bala, ɗakin nan nawa ne ko naka?"

"Naku ne, Malam."

"To na duba. Isufu bai taɓa komai ba. Daga wajen masu riƙe da ɗaki aka cire karan. Mai neman wanda zai daka, ga ni."

"Ku ba kwa nan lokacin," in ji Bala. "Wa ya cire?"

Malam bai waiwayo ni ba. Ya harɗe hannu ya tsaya, mai bel ɗin nan yana matsowa. Ban san lokacin da na ce, "Ni ne. Dutsen Isufu na so cirewa don Bala ya ci, hannuna ya kuskure."

Bala ya ɗauke ni da mari har hulata ta faɗi. Da ya sake ɗaga hannu Malam ya riƙe shi, ya ce, "Ɗaya ya isa. Yanzu kai ma akwai wanda za ka ba haƙuri." Bala ya daɗe yana huci kafin ya tsallaka ya miƙa wa Isufu hannu. Da na je ba shi nawa haƙurin, Isufu ya ce, "Jiya ban ci abinci ba saboda kai. Na yafe, amma kada ka ƙara." A hanyar komawa Malam ya gaya mini ba zan sake riƙe ɗaki ba sai bayan wata shida. Bai kore ni daga wasa ba, kuma har ya koma ga Mahaliccinsa bai ƙara tayar da maganar ba, ko da wasa.

A jana'izarsa na ga mutanen da sunayensu na wasa kawai na sani. Isufu ya baro aiki ya zo da kayan aikinsa a jiki, shi da Bala suka kama makara gefe ɗaya. Da muka je gaisuwa, mai ɗakinsa ta aiko a gaya mana kwamfutar tana nan a kunne, ba ta san yadda ake kashe ta ba, kuma ba ta so a kashe. Har yau ba mu yanke wanda zai riƙe ɗakin ba. An ambaci sunana, na ce a ba ni lokaci.

Ya Allah, Ka jiƙan bawanKa Sagiru, Ka gafarta masa kurakuransa, Ka haskaka kabarinsa, Ka sa Aljannar Firdausi ce makomarsa. Yadda ya tsaya tsakanin wanda ake zalunta da masu neman dukansa, Ka tsare shi daga azaba. Ka ba mahaifiyarsa da mai ɗakinsa haƙurin wannan rashi, Ka raya 'ya'yansa huɗu bisa tafarkin gaskiya, Ka zama gatansu. Mu kuma da muka rage, Ka sa mu cika da imani. Amin.