Ranar da Na Yi Makokin Masunci a Bakin Potomac

Lokacin da muke zaune a Germantown, can Amurka, maƙwabcinmu na ƙofa da ƙofa wani dattijo ne mutumin Girka. A lifta muka saba. Ya ce da ƙuruciyarsa ɗan fim ne a ƙasarsu, amma duk fim ɗin da aka sa shi sai an kashe shi tun ba a kai tsakiya ba. An harbe shi, an jefa shi teku, sau ɗaya ma jaki ne ya ture shi daga kan dutse. Da ya gaji da mutuwa sai ya sayi kyamara ya zama darakta.

Wata Asabar na dawo daga asibitin da nake aikin nas, ya tare ni ya ce irin fuskata yake nema. Wai zan fito a matsayin matar wani masunci da teku ta cinye.

Na ce, "Baba, ni fa 'yar Jos ce, ba na jin yarenku."

Ya ce, "Ki yi da naku, ni zan rubuta fassarar a ƙasa."

"Ai ba ka jin Hausa."

"Ba sai na ji ba."

Ya kai ni bakin kogin Potomac ta wajen Fort Washington, ya ce nan ne tekun. Ya yafa mini baƙin mayafi, wanda daga baya na gane labulen falonsa ne, ya ce in fara. Na rasa abin faɗa, sai na shiga bayanin yadda ake dafa gwate: a wanke acca, a yanka yakuwa da gauta, kada wuta ta yi yawa. Da na zo kan daddawa sai na tuna kakata, muryata ta karye da gaske. Ina ɗagowa na ga hawaye na bin gemunsa.

A zauren cocinsu aka nuna fim ɗin, na tafi da maigidana. A ƙasan allon an rubuta wai ina roƙon teku ta dawo mini da ko takalmin mijina ne. Maigidana ya toshe baki da hularsa, kafaɗunsa na rawa. Wata tsohuwa ta zaci kuka yake, ta rungume shi tana bubbuga bayansa. Dattijon na ganin haka ya zo ya riƙe hannunsa, ya ce ya samu jarumin fim na gaba.

A mota maigidana ya bari sai da muka hau babbar hanya. Sannan ya ce, "Kin manta albasa."