Gida shida da Bakhita ta gyara wa wasu

Ranar Talata aka fitar da Bakhita daga gidan da ta gyara da hannunta a unguwar Ard al-Liwa. Shi ne na shida.

Bakhita Bahaushiyar Sudan ce, ƙawata, shekararta ashirin da biyu a Alƙahira tana yi wa amare lalle. Larabcin Masar a bakinta kamar a nan aka yanke mata cibiya. Don haka a waya kowane dillali cewa yake gida na nan, ta zo. Da ya ga fuskarta sai ya tuna jiya aka kama. Abin da ake nuna wa baƙar fata shi ne ɗakin ƙasa mai danshi, wanda ko ɗalibi ya ƙi. Takardar haya kuwa babu, sai baki da baki.

Ita kuma ba ta iya zama cikin ƙazanta. Sai ta kankare bango, ta yi fenti, ta sauya famfo, ta sa tayil. Shekara na zagayowa mai gida zai leƙo, ya ce masha Allah, sannan ya tuna ɗansa zai yi aure.

Wannan karon har kiranta suka yi ta yi wa amaryar lalle. Ta je, don in ta ƙi ba mai sake kiranta a layin. Ta durƙusa a falon da ta yi wa fenti, uwar ango na nuna wa baƙi tayil.

Gida shida kenan 'ya'yan wasu za su gada da guminta a jikin bango. 'Yarta Malaz, da aure ya kai Aswan, akwati biyu za ta gada.

Jiya na same ta a sabon ɗaki can ƙarshen Giza, a gefen Alƙahira, ita kaɗai, ba ta gaya wa kowa inda ta koma ba sai ni. Bango ya yi baƙi, famfo na ɗiga cikin bokiti. Na ce Yaya, bari in kira mai gyara.

Ta ce, "Bar shi ya ɗiga, Kulu. Muddin yana ɗiga, ina da wurin kwana."

Matar da ke wanke ƙofar gida sau biyu a rana!

To, ku masu gidaje da dillalanku, ba ma'alish, wato "yi haƙuri", muke nema ba. Ku rubuta mata takarda da sunanta, shekara biyar, ku sa hannu. Ku bar baiwar Allah ta gyara famfonta.