Ruwan Sama a Dir'iyya da Wainar 'Yan Bangaladash

A shekarata ta uku ina aikin jinya a wani asibiti da ke Shumaisi, abin da na sani na Riyad bai wuce hanyar gidan ma'aikata zuwa asibiti ba, sai kasuwar kayan gwari ta Aziziya, sai kuma hanyar filin jirgi. In na samu hutu barci nake yi, in na tashi in kira gida Zariya. Wadda ta raba ni da wannan zaman abokiyar aikina ce, 'yar Bangaladash, gajeruwa mai yawan dariya, muna ɗakin masu jego tare. "Sista" take ce mini, ni ma haka nake ce mata.

Wata rana cikin sanyi muna shan shayi ta gaya mini mutanen garinsu sun ɗauki hayar mota, ranar Asabar za su je ganin tsofaffin gine-gine, daga nan su wuce cin wani abinci da suke yi lokacin sanyi. Mijinta ne zai yi jagora. Injiniya ne a wata masana'antar bututu a Birnin Masana'antu na Biyu, amma ta ce hankalinsa ba ya kan bututu, yana kan tsohon bango. In ya ga ginin da ya fara zubewa sai ya manta yana da mata. Na ce ba na jin yarensu, me zan je yi? Ta ce ita da take jin yaren ma ba sauraronsa take yi ba, in zo kawai mu zauna a baya mu yi hirarmu.

Da safe na tarar da motar cike da iyalai, ga tukwane da kuloli an jera a tsakiya. Maigidan abokiyata yana tsaye a bakin ƙofa, siriri mai tabarau, riƙe da jar lema a naɗe wadda yake ɗagawa sama don kada wani ya ɓace. Ya tarbe ni da girmamawa kamar wata jakadiya, ya sanar wa motar duka cewa yau suna da baƙuwa daga Nijeriya. Aka zaunar da ni kusa da mahaifiyarsa, tsohuwa da ta zo musu ziyara bayan ta yi umara. Ba ta jin Turanci, Larabcinta na salla ne. Ta rungume wani ƙunshi a cinyarta, an naɗe shi da bargo mai ɗinkin zare kala-kala, ko da mota ta faɗa rami ƙunshin take fara tarewa. Mun ɗan yi tafiya ta miƙo mini wani ganye da aka naɗe 'yar ƙwaya a ciki. Na tauna, bakina ya ɗaure kamar na ci ɗanyen goro. Ta ga yadda na yamutsa fuska ta yi dariya har da riƙe hannuna. Daga nan muka saba.

Mun fara da Masmak, tsohuwar fada, ginin ƙasa, da ke tsakiyar gari. Na sha wucewa ta gefenta in zan je kasuwar Bataha sayayya, ban taɓa tunanin shiga ba. Jagoranmu ya ɗaga lemarsa muka bi shi. Sai ya yi dogon bayani da Bangali, sannan ya juyo ya maimaita da Turanci saboda ni kaɗai, duk idanu su dawo kaina. Ya nuna mana kaurin bango, da ƙananan tagogi masu kusurwa uku da ke shigo da iska su hana rana, da ƙofar itacen dabino. Da muka shiga wani ɗaki na ɗaga kai na ga rufin, itatuwa a jere an shimfiɗa zarbar dabino a kai an dafe da ƙasa, ban san sanda na ce, "Azara!" ba.

Ya tsaya cak ya tambaye ni me na ce. Na gaya masa haka ake rufin soro a wurinmu, sai dai mu giginya muke faskarawa domin gara ba ta cinta. Ai kuwa kamar na ba shi kyautar doki. Ya tsayar da mutane, ya sa ni a gaba wai in yi musu bayanin ginin Hausa. Ni kuwa ba abin da na sani sai abin da na gani ina yarinya a gidan kakana: yadda ake dunƙula tubali a shanya, yadda ake kwaɓa ƙasa da ciyawa, da yaɓen da ake yi kafin damina. Na faɗi 'yan maganganu biyu na yi shiru. Ya juya ya fassara, fassarar ta yi ta tafiya, yana zana abubuwa da hannu a iska, mutane suna gyaɗa kai. Na raɗa wa abokiyata, duk ni na faɗi wannan? Ta ce ya riga ya gina mini gari guda, yanzu yana kan ganuwa.

A tsakar fadar ya ciro wayarsa ya nuna mini hotunan gine-ginen ƙasarsu. Ya ce su ba su da dutse, ƙasarsu laka ce da koguna, ruwan sama kuwa ba ya barin ginin ƙasa ya tsufa, shi ya sa kakanninsu suka koma gasa bulo. Na ga wani masallaci na jan bulo mai ƙubbobi birjik, ana kiransa mai ƙubba sittin, amma ya ce in ka ƙirga sun fi haka. Na ga bangaye da aka yi wa ado da gasasshiyar laka, furanni da tsuntsaye da jiragen ruwa. Abin da ya fi burge ni shi ne rufin wasu gine-ginen da ya lanƙwaso kamar baka. Ya ce bukkar manomi aka kwaikwaya, wadda ake tanƙwara gora don ruwa ya zube da sauri, har sarakuna suka ga kyanta suka mai da ita ta bulo. Matarsa ta ce satin bikinsu wannan masallacin ya kai ta, ta zauna a inuwa da lallenta shi kuma yana can yana ƙirga ƙubba.

Bayan azahar muka isa Dir'iyya, tsohon garin ƙasa da ke kan tudu a bakin kwari. Bangayen dogaye ne, launinsu ɗaya da ƙasar da suka fito daga cikinta, lungunan kuma matsattsu har na ji kamar in na sha kwana zan ɓulla wata unguwa a cikin birnin Zariya. Muna tsakiyar yawo sai gari ya lumshe, iska mai sanyi ta taso, aka fara yayyafi. Iyalan Larabawa da ke wurin suka ciro wayoyi suna ɗauka, yaransu suna tsalle da murna. Tsohuwa ta miƙa tafin hannunta, ta dubi ɗigon da ya sauka a kai, ta faɗi wata magana da ta sa mutanenta suka kwashe da dariya. Abokiyata ta fassara mini: wai a garinsu wannan ba ruwa ba ne, gajimare ne ya yi atishawa.

Amma ruwan ya ɗan ƙarfafa, muka fake a wata rumfa. Jagoranmu kuwa, shi da ke da lema, bai buɗe ta ba. Ya tsaya a fili yana kallon wani indararo na itace da ya fara zubo da ruwa nesa da bango, rigarsa tana jiƙewa, fuskarsa cike da murna. Ya ce ya daɗe yana zuwa nan bai taɓa ganin indararon yana aiki ba sai yau. Da ya dawo rumfar yana goge tabarau, muryarsa ta sauka. Ya ce gidan kakansa na ƙasa ne, a bakin kogi. Wata damina kogin ya ci gaɓar, ya tafi da gidan da bishiyoyin mangwaron duka.

"Yanzu in na je gida, sai in ɗauki kwalekwale in nuna wa 'ya'yana ruwa in ce nan aka haife ni," in ji shi.

Na gaya masa namu ba kogi ne ya ci shi ba, mu da kanmu muka rushe zauren muka yi shaguna. Ya girgiza kai. Matarsa ta karɓi lemar ta buɗe masa a ka, ta ce in ya kwanta da mura ba ita ce ke bakin aiki ba. Aka yi dariya, ya ce yalla, wato mu tafi, muka nufi mota.

Sun kama hayar istiraha a bayan gari, irin gidajen hutun nan masu fili da rumfa. Maza suka shimfiɗa tabarmi, mata muka shiga kicin. A nan tsohuwa ta kwance ƙunshinta. Abin da take ta riritawa tun safe ashe tanda ce ta yumɓu mai ramuka, da murfinta, tun daga ƙauyensu ta taho da ita a jirgi. Aka buɗe bokitin ƙullun shinkafa. Na ce wa abokiyata ai wannan waina ce, ni da waina tun ina tsayawa kan turmi kafin in kai murhu. Ta gaya wa tsohuwa, tsohuwa ta matsa ta ba ni ludayi.

Ina kai hannu kan kwalbar mai ta buge mini hannu. Su ba sa zuba mai, ba sa juyawa, rufewa suke yi tururi ya dafa saman. Na farko da na yi suka manne, na biyu suka fashe, tana tsaye a kaina tana faɗa da yarenta ina ba ta haƙuri da Hausa, "To Hajiya, na ji, a yi mini a hankali." Can hannuna ya kama, suka fara fitowa farare masu ƙananan huji. Da ƙullu ya kusa ƙarewa na roƙi a bar mini ragowar. Na yanka albasa, na zuba mai a kaskon ƙarfe, na toya irin tamu ina juyawa. Ba yis a ciki, don haka ta fito da nauyi, na yi ta gaya musu da akwai yis da sun ga waina, amma aka cinye. Tsohuwa ta ɗanɗana, ta daɗe tana taunawa, sannan ta yanke hukunci: da daɗi, amma ɓarnar mai ce.

Tasu wainar da abu biyu ake ci. Akwai wani zaƙi mai duhu da ake dafawa daga ruwan bishiyar dabino, ɗan'uwan mazarƙwaila, akwai kuma dakakken busasshen kifi da barkono. Warinsa ya kori wasu yaran daga kicin, ni kuwa da na tashi da daddawa ko a jikina. Na ɗebo da yawa don in nuna jarumta, sai ga hawaye da majina, ana ta miƙo mini ruwa. Ina cikin sharar ido tsohuwa ta shimfiɗa bargon nan a cinyata ta nuna mini ɗinkin. Tsofaffin zannuwanta ne ta haɗa ta ɗinke da hannu, ga kifi, ga jirgin ruwa, ga furen bado. Ta taɓa wani shuɗin yanki ta nuna ɗanta, na gane da wannan zanen ta goye shi, ko dai ta rungume shi, domin an ce su ba sa goyo a baya.

Da la'asar wani dattijo ya fito da akwatin kiɗa mai zugazugi, ya rera waƙar masu tuƙa jirgin ruwa, yana jan murya kamar mai kiran wani a tsallaken kogi. Ban ji kalma ko ɗaya ba, amma na ga manyan maza sun sunkuyar da kai suna kallon ƙasa. Yana gamawa aka koma wata mai tafi, har ni na shiga amshi ina ɓata kalmomin, 'yan mata suna gyara mini.

A hanyar dawowa kusan kowa ya yi barci, har jagora, baki buɗe, matarsa ta ɗauke shi hoto don ta tura wa 'yan'uwansa. Aka sauke ni Shumaisi bayan magariba. Tsohuwa ta cusa mini roba cike da waina, ta kama fuskata da hannu biyu ta yi magana mai tsawo. Fassarar ita ce na cika rama, kuma ranar Juma'a in zo gidansu da yis ɗin da nake cika baki da shi. Na kwana da jiƙa shinkafa, na je na toya musu tamu wainar, na haɗa har da miyar taushe. Ta ci guda huɗu, ta sa aka ɓoye mata sauran don karin safe.