Kofin da Na Ci da Katin Wani

Edita, sallama gare ka da duk mai karanta wannan shafi. A lokacin da abin da zan ba da labari ya faru, ni ɗalibi ne mai karatun injiniya a wata jami'a da ke Guangzhou, Bakano mai baki da zafin kai, kuma ni ne kyaftin ɗin ƙungiyar ƙwallon ƙafa ta ɗaliban ƙasashen waje a makarantarmu. Karatuna tsaka-tsaki ne, ba zan ɓoye ba, amma a tsakiyar fili ba na jin akwai wanda zai ce ya taɓa wuce ni cikin sauƙi. Har yau idan na tuna yadda nake raba ƙwallo sai in ji kaina ya ɗan ƙara girma. Ƙungiyarmu ta haɗa 'yan Najeriya da 'yan Nijar da 'yan Gana da wasu daga gabashin Afirka, amma Hausa ce ta fi tashi a fili, har waɗanda ba sa jin ta sun iya cewa "ba ni" da "buga".

Tun kafin mu zo ƙasar akwai tsohuwar hamayya tsakaninmu da ɗaliban waje na wata jami'ar koyon likitanci da ke tsallaken kogi. Sau ɗaya ake karawa a shekara, kafin zafi ya kankama, kuma makarantun biyu sun san da wasan, su ke ba da fili da alƙali da wani ɗan ƙaramin kofi. Su suna kiranmu makanikai, mu muna kiransu 'yan allura. Al'adar da muka tarar ita ce, duk wanda aka ci shi zai dafa abinci ya ɗaura gyauton kuku ya raba wa waɗanda suka ci shi, su kuwa suna zaune sun miƙe ƙafa. Ranar wasa 'yan kasuwarmu masu shaguna a ginin Tianxiu har rufe shago suke yi, su rabu gida biyu, su zo da ganguna na robar fenti. Shekara uku a jere ina ɗaura gyauton nan. Abin da ya fi ƙona mini rai shi ne kyaftin ɗinsu Bazazzage ne, kun kuwa san tsakaninmu da Zagezagi. Sai ya bari na zuba masa shinkafa, ya ɗanɗana, ya ce gishiri bai ji ba, a kira masa kukun ya ƙaro. Duk Juma'a idan aka sallame sai ya tare ni a bakin masallaci ya tambaye ni ko na koyi sabuwar miya.

Da na shiga shekarar ƙarshe sai na rantse a raina ba zan bar China ban ga mutumin nan da ludayi a hannu ba. Mun yi atisaye kamar za mu mutu, bayanmu ya yi ƙarfi, mai tsaron ragarmu ɗan Kumasi kamar bango, amma ba mu da mai ci. A wannan hali ne na haɗu da wani ɗan Maraɗi a wasan da ake yi ranar Lahadi kusa da unguwar Xiaobei. Ɗan kasuwa ne, takalma yake zuwa sarowa a kasuwar Zhanxi Lu, ya yi 'yan makonni ya koma, kuma ya taɓa buga wa ƙungiyar garinsu. Ƙwallo uku ya zura a gabana ba tare da ya yi gumi ba. Nan take Shaiɗan ya zauna mini a kafaɗa. Da na yi masa maganar ya ƙi, ya ce shi ko aji shida bai gama ba, ina shi ina wasan 'yan jami'a. Na dinga binsa shago-shago, na ce ai taimakon 'yan'uwa ne, kuma mutanen nan ba sa bambance fuskokinmu, duk baƙi ɗaya ne a idonsu. Wannan maganar na sha jin ta a bakin mutanenmu har na ɗauke ta gaskiya. A ƙarshe ya yarda, don kunya ba don so ba.

Saura katin ɗalibi, domin sai an duba katin kowane ɗan wasa a ƙofar makaranta, a kuma duba a bakin fili. A cikin jerin sunayen 'yan wasanmu akwai wani Bakatsine, ajinmu ɗaya, mutum mai shiru wanda ko ƙuda ba ya korewa da ƙarfi. Tun shekarar farko gwiwarsa ta samu matsala ya daina bugawa, amma ba mu cire sunansa ba. Shi ne ya fi kowa ƙoƙari a ajinmu, saura wata biyu ya kammala. Na same shi a ɗakin cin abinci na ce ya ba ni katinsa za a yi rajistar 'yan wasa. Ko tambaya bai yi ba, ya zaro ya miƙo mini, har yana ba ni haƙuri cewa ba zai samu zuwa kallo ba, ranar yana ɗakin gwaji tare da malamar da ke duba aikinsa na kammalawa. Ni kuwa da na ji haka sai na ji daɗi.

Ranar wasa mai duba kati ya kalli hoton, ya kalli ɗan Maraɗi, ya miƙa masa katin ya ce ya wuce. Na dubi abokaina na kashe ido. Wasan nan kuwa, ko da aibinsa, ban taɓa buga irinsa ba. Su suka fara cin mu, muka farke kafin hutun rabin lokaci, ni na ba da ƙwallon, ɗan Maraɗi ya saka da ka. Saura kaɗan a tashi ya yanke mutum biyu ya ɗaɗa ta a kusurwa, aka tashi biyu da ɗaya. Wani Alhaji mai shagon atamfa ya shigo fili da gudu har hularsa ta faɗi. Washegari 'yan allura suka ɗaura gyauto, na zauna na miƙe ƙafa, na sa Bazazzage ya ƙaro mini yaji sau uku. Ya yi ta murmushi yana zubawa, bai ce mini uffan ba, ni kuma na ɗauka kunyar shan kaye ce ta rufe masa baki.

Kwana biyu bayan haka, shafin labarai na makarantarmu ya buga hoton ɗan Maraɗi ɗauke da kofi, a ƙasa an rubuta sunan Bakatsine, wai gwarzon da ya ci biyu. Malamar nan ta gani. Ba da mugun nufi ba ta buga waya ofishin ɗaliban waje ta ce su gyara, sun yi kuskuren suna, wannan ba ɗalibinta ba ne, ɗalibinta ma a lokacin wasan yana gabanta. Ramin ƙarya ƙurarre ne. Da aka bincika takardar wasa aka ga lambar katin Bakatsine, aka kira shi. A dokarsu, ba wa wanda ba ɗalibi ba kati ya shiga makaranta laifi ne da zai iya kai mutum ga kora, kuma idan aka kore ka takardar zamanka a ƙasar ta mutu. Ɗan Maraɗi ya riga ya bi kayansa gida. Suka ba Bakatsine mako guda ya faɗi wanda ya karɓi katin, in ba haka ba laifin nasa ne shi kaɗai.

Bai faɗa ba. Ya ce musu shi ya ba da katinsa da hannunsa, iyakar abin da zai ce ke nan. Na so a ce ya zo ya ci kwalata, ya zage ni, da na samu abin riƙewa. Sai dai ya same ni a hanyar aji, muka gaisa kamar kullum, ya ce abu ɗaya yake so in taya shi tunani, yadda zai gaya wa mahaifinsa, tsohon malamin firamare da ya gama shelanta wa unguwa cewa ɗansa na dawowa injiniya. Zan faɗi gaskiya ko da ba ta yi mini daɗi ba: kwana uku na yi ina lissafin kaina. Ni ma saura wata biyu in gama. Wasu daga cikin 'yan wasanmu suka ce in yi shiru, tunda shi haziƙi ne malamai za su tausaya masa, ni kuwa in na shiga ba mai ceto na. Na kusa yarda, kuma wannan shi ne abin da na fi jin kunyarsa a duk labarin.

Ranar Juma'a Bazazzage ya tare ni a inda ya saba, amma wannan karon babu zancen miya. Ya ja ni gefe ya ce tun kafin a busa usur suka gane ɗan Maraɗi, domin shi Bazazzagen ma takalmin ƙwallon da ke ƙafarsa ta hannun mutumin ya saya. Ya ce sun yi shawara a hutun rabin lokaci, suka ga ba a kai rigimar fili ofis, tun zamanin waɗanda suka kafa wasan ba a taɓa yi ba, shi ya sa suka haɗiye, suka dafa, suka raba. Amma kora daban ce. Ya ce ba zai kai ƙarata ba, ba halinsa ba ne, sai dai in na bari aka kori bawan Allah nan to kada in ƙara kiran kaina kyaftin a gabansa, kuma an gama wasa tsakanin makarantun biyu. In kuwa zan je da ƙafata, zai raka ni. Na tsaya ina kallon mutumin da na sa ya ƙaro mini yaji sau uku alhali ya san komai, na rasa inda zan sa fuskata.

Ranar Litinin da safe na nufi ofishin da kofin a cikin leda. A bakin ƙofa na tarar da 'yan allura kusan su duka, wasu da fararen rigunansu na asibiti, sun tsallako kogi tun da sassafe. Da 'yan ƙungiyarmu suka ji haka su ma suka fito, har waɗanda suka ce in yi shiru. Na shiga na faɗi komai da gurguwar Sinancina, na ce ƙarya na yi wa Bakatsine na karɓi katin, bai san komai ba. Shugaban ofishin ya tambaye ni me ya sa na zaci abin zai wuce. Na ce masa na ɗauka ba sa gane fuskokinmu. Malamar tana zaune a gefe, ta ce shekara biyu tana kallon fuskar ɗalibinta kullum, ko a cikin taron dubu za ta fitar da shi. Ban taɓa jin ƙasa ta yi mini nisa irin ranar ba. Bayan ni Bazazzage ya nemi izini ya yi magana, kuma Sinancinsa ya fi nawa nesa ba kusa ba. Ya ce su aka zalunta a fili, kuma su ne suke roƙon a sassauta mini.

An wanke Bakatsine, sai gargaɗin baki kan sakaci da kati. Ni aka rubuta mini laifi a fayil, aka ɗage kammalawata da zango guda, aka hana ni buga wa makaranta har abada. Ba a kore ni ba, kuma na san albarkacin waɗanda suka tsaya a ƙofar nan na ci. Kofin da kaina na ɗauka na shiga jirgin ƙasa na kai musu har makarantarsu, muka sayo kaji muka dafa musu, na raba da hannuna ba tare da kowa ya ce in yi ba. Wasan bai mutu ba, har yanzu ana yi, kuma ƙannenmu sun ci kofin daga baya da ƙafafunsu.

Ranar bikin kammalawa ina cikin 'yan kallo, 'yan ajinmu na karɓar takardu ba ni. Da aka fito Bakatsine ya miƙo mini waya ya ce Baba ke son gaisawa da ni. Na karɓa. Tsohon ya yi ta sa mini albarka, ya ce ɗansa ya gaya masa ni ne babban abokinsa a China, wanda ya tsaya masa lokacin da ya shiga wata 'yar matsala, Allah ya ba ni masu tsaya mini. Ashe rabin labarin kawai ya ba shi. Na ce amin, hawaye na zuba a gaban jama'a.

Abin da na koya shi ne, hamayya daɗi gare ta muddin kana iya kallon abokin hamayyarka ido cikin ido bayan an tashi. Ina alfahari da ƙungiyata, ina alfahari da 'yan allura fiye da yadda zan yarda a gabansu, kuma ina ɗan alfahari da kaina da na shiga ofishin nan, ko da na makara da kwana uku. Ƙannena da ke karatu a ƙasar wani, ku ji ni da kyau. Kada ku raina idon mutanen da kuke zaune a cikinsu, suna ganinku sarai. Kada kuma son cin wasa ya sa ku taɓa takardar ɗan'uwanku, domin a baƙon wuri ita ce duk abin da ya mallaka. Wanda zai miƙo maka ita ba tare da tambaya ba, shi ne mutumin da bai kamata ka taɓa nema a wurinsa ba.